Gajimaren Mutara: Nebular Fim da Nebular Gaskiya

Mutara sunan wani gajimare ne na sararin samaniya wanda babu shi ko'ina a cikin sama. Masu shirya finafinai ne suka ƙage shi a ƙasar Amurka, suka sanya shi a cikin fim ɗin Star Trek II: The Wrath of Khan, wato "Fushin Khan", wanda kamfanin Paramount ya fitar a watan Yunin 1982, Nicholas Meyer ya ba da umarni. Duk wanda ya buɗe taswirar taurari yana neman Mutara zai gaji bai gan shi ba. Amma abin da aka kwaikwaya wajen ƙago shi yana nan, masana ilimin taurari suna kiransa nebula, kuma idan aka jera na fim da na gaskiya kafaɗa da kafaɗa, kowannensu yana taimakawa a fahimci ɗan'uwansa.

Duniyar da aka ƙaga shi a cikinta

Star Trek ya faro ne a matsayin wasan talabijin a 1966, Gene Roddenberry ya ƙirƙiro shi. Labarin yana faruwa a ƙarni na 23, zamanin da aka ƙaddara cewa mutane sun iya tafiya daga tauraro zuwa tauraro a cikin manyan kumbuna, sun haɗu da wasu halittu masu hankali, har sun ƙulla tarayya da su. Fiye da shekara hamsin marubuta suna ta ƙara gini a kan wannan tushe, har ta kai duniyar labarin tana da tarihinta, da taswirarta, da dokokinta, da ma harsunanta.

Wannan ba baƙon abu ba ne ga wanda ya tashi yana jin tatsuniya. Yaro ya san babu Gizo a gari, amma idan mai ba da tatsuniya ya ce Gizo mai gaskiya ne, ko ya ba shi wata mata ba Ƙoƙi ba, nan take yaron zai yi gardama. Duniyar ƙage tana da ƙa'idar da ta ɗora wa kanta, kuma mai sauraro yana riƙe da ita. Adabin Hausa ma ya taɓa leƙa sararin samaniya ta wannan ƙofa, domin a 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, labarin yaron da ya yi tafiya cikin sama tare da wani baƙo daga wata duniya.

Abin da ya faru a cikin Mutara

Khan, wanda Ricardo Montalbán ya fito a matsayinsa, mutum ne da aka sarrafa halittarsa har ya fi sauran mutane ƙarfi da kaifin basira. Shekara goma sha biyar kafin labarin fim ɗin, James Kirk, shugaban kumbon Enterprise, ya ajiye shi da mutanensa a wata duniya mai suna Ceti Alpha V. Daga baya wurin ya lalace ya zama hamada, matar Khan ta mutu a can, shi kuwa ya ɗora wa Kirk alhakin komai. Da ya sami dama sai ya ƙwace wani kumbo mai suna Reliant, ya kuma sace wata na'ura da ake kira Genesis, wadda a cikin labarin take iya mayar da busasshen wuri ya zama duniya mai ruwa da tsirrai, amma idan aka tayar da ita a inda akwai masu rai sai ta shafe su.

Khan ya yi wa Enterprise kwanton ɓauna ya lalata injinta, ta kai ba ta iya gudu, ba ta iya tsayawa a gwabza. Dabarar da ta rage wa Kirk ita ce ya shige cikin gajimaren Mutara da ke kusa. A cikinsa, in ji labarin, hayaƙi da tartsatsin lantarki suna kashe garkuwar kumbo, suna kuma rikita na'urorin hangen abokin gaba, don haka mai ƙarfi da mai rauni duk makafi ne. Na hannun daman Khan ya gargaɗe shi kada ya bi, Kirk kuwa ya tsokane shi ta rediyo, fushi ya ja shi ya afka.

Daga nan kumbunan biyu suka yi ta laluben juna cikin hazo mai launin shuɗi da ja, walƙiya tana ratsawa. Spock, aminin Kirk, shi ya lura cewa Khan yana da basira amma bai saba da yaƙin sararin samaniya ba: yana duba gaba da baya, dama da hagu, kamar mai yaƙi a fili, ya manta da sama da ƙasa. Sai Kirk ya sa aka nutsar da Enterprise mita 10,000, Reliant ta wuce ta kanta, sannan Enterprise ta taso ta bayanta ta buɗe mata wuta. Da Khan ya ga ta ƙare masa sai ya tayar da Genesis don su hallaka tare. Spock ya shiga ɗakin injin da ke cike da tururin guba, ya gyara shi, kumbon ya tsere, shi kuwa ya rasa ransa. Fashewar ta tattara gajimaren gaba ɗaya ta dunƙule shi ya zama sabuwar duniya. A fim na gaba, wanda ya fito a 1984, wannan duniya ta wargaje.

Yadda aka haɗa shi

Babu kwamfuta a aikin Mutara kansa. Ma'aikatan kamfanin Industrial Light & Magic sun cika wani babban tankin gilashi da ruwan gishiri a ƙasa da ruwan daɗi a sama. Ruwan gishiri ya fi nauyi, don haka ba sa saurin cakuɗuwa, akwai iyaka tsakaninsu. Sai aka riƙa tsiyaya ruwan roba da aka gauraya da amoniya a ciki, yana bazuwa yana murɗewa kamar hadari, aka haska shi da fitilu masu launi, aka ɗauki hotonsa. Daga baya aka ɗora hotunan ƙananan kumbunan da aka ƙera a kan wannan bango. Ashe gajimaren da ya cika idon masu kallo bai wuce faɗin tankin ruwa ba.

Meyer bai ɓoye cewa labaran jiragen ruwan yaƙi ne a ransa ba. Shi ya sa faɗan ya yi kama da na jiragen da ke nutso ƙarƙashin teku, inda kowa ke kasa kunne yana jiran motsin ɗan'uwansa. Wannan ne mabuɗin fahimtar Mutara: teku ne da hazo aka ɗauka aka kai sama.

Mece ce nebula ta gaskiya?

Kalmar daga Latin take, ma'anarta hazo ko gajimare. Larabawa suna cewa sadim. Tun kafin a ƙera madubin hangen nesa, masu duban sama sun lura da wasu 'yan wurare masu dishi-dishi waɗanda ba su da kaifin tauraro. Abdurrahman al-Sufi, masanin taurari na ƙasar Farisa, ya ambaci wani "ƙaramin gajimare" a littafinsa na taurari wajen shekarar 964. Charles Messier na Faransa ya fitar da jerinsa na farko na irin waɗannan abubuwa a 1774, ba don suna burge shi ba, sai don kada su riƙa ruɗa shi yana neman taurari masu wutsiya. Har yau ana kiran da yawansu da lambar da ke jerinsa.

An daɗe ana gardama a kan ko mene ne su. A 1864 William Huggins na Ingila ya rarrabe hasken ɗaya daga cikinsu da na'urar tsaga haske, ya ga alamar iskar gas mai ƙyalli, ba ta taurari ba. A shekarun 1920 kuma Edwin Hubble ya nuna cewa ƙaramin gajimaren al-Sufi ba gajimare ba ne sam, wani gungun taurari ne mai zaman kansa, Andromeda, wanda haskensa ke shafe shekara miliyan biyu da rabi kafin ya iso nan. Daga lokacin aka taƙaita sunan nebula ga tarin gas da ƙura da ke tsakanin taurari. Mafi yawan gas ɗin haidirojin ne, sai hiliyom, ƙurar kuwa ba ta wuce kashi ɗaya cikin ɗari na nauyin ba.

Ba iri ɗaya ba ne. Akwai mai haske na kanta, wadda zafafan taurarin da ke cikinta suke sa gas ɗinta ƙyalli, kamar nebular Orion. Akwai wadda hasken tauraro take mayarwa kawai, kamar shuɗin hazon da ke fitowa a hoton taurarin da Hausawa ke kira Kaza da 'Ya'yanta. Akwai baƙa wadda ke tare hasken abin da ke bayanta, irin su Kan Doki, wadda Williamina Fleming ta gano a jikin wani hoto a Harvard a 1888. Akwai kuma wadda gawar tauraro ce. A 1054 masana a ƙasar Sin sun rubuta cewa wani sabon tauraro ya bayyana, ana ganinsa har da rana tsawon kwana 23, kuma wani likita ɗan Bagadaza, Ibn Butlan, shi ma an ruwaito bayaninsa a kai. Tauraro ne ya fashe, tarkacensa kuwa shi ake kira nebular Ƙaguwa a yau, tana ci gaba da buɗewa da gudun kusan kilomita 1,500 a daƙiƙa guda.

Inda fim ya rabu da gaskiya

Babban bambanci yana wajen kauri. A fim, kumbo yana shiga Mutara kamar yadda mota ke shiga hazon hunturu a hanyar Kano zuwa Katsina, direba bai ganin abin da ke gabansa. Nebula ta gaskiya ba haka take ba. A ɗauki wani ɗan akwati mai santimita ɗaya a tsawo da faɗi da zurfi, wanda bai kai dunƙulen magi ba. Iskar da mutum ke shaƙa, idan ta cika wannan akwati, ƙwayoyinta sun kai adadin da ake rubutawa da 25 da sifili 18 a bayansa. A cikin nebula mai haske, akwatin nan ƙwaya ɗari zuwa dubu goma kawai zai samu. A tsakiyar baƙaƙen gizagizai mafiya kauri ana iya kaiwa miliyan guda, wanda duk da haka bai kai komai ba idan aka gwada da iska. Yawancin kwalaben da masana ke zuƙe wa iska a ɗakin gwaji, su ce babu komai a ciki, sun fi nebula cika.

To me ya sa ake ganinta? Saboda girma. Haske yana gudun kusan kilomita 300,000 a daƙiƙa, yana isowa daga rana cikin minti takwas da 'yan kai. Tazarar da yake ci a shekara guda, kimanin kilomita tiriliyan tara da rabi, ita ake kira shekarar haske. Faɗin nebular Orion ya kai shekarar haske 24, alhali tsakanin rana da tauraro mafi kusa da ita shekarar haske huɗu ne da ɗan ɗoriya. Idon da ke kallonta daga nesa yana tattara hasken dukkan wannan zurfi wuri guda. Misalinsa ƙurar da ke cikin iska: mutum bai ganinta tsakaninsa da bangon ɗakinsa, amma idan ya hangi dutse mai nisa sai ya ga ta lulluɓe shi. Kumbuna biyu da ke tsakanin 'yan kilomitoci a cikin nebula za su ga juna tangararan, babu abin da zai shiga tsakaninsu. Da Khan bai sha wahalar neman Kirk ba.

Girman nan yana rusa wani ɓangaren labarin kuma. Gajimaren da gurgun kumbo zai iya shiga cikin 'yan mintoci, ya ga bakinsa kamar bango, ƙarami ne ƙwarai. Nebula ba ta da baki irin wannan. A hankali take yin kauri, matafiyi zai daɗe a ciki bai san ya shiga ba. Hasali ma rana da duniyoyinta suna ratsa wani siririn gajimare a yanzu haka, wanda ƙwayoyinsa ba su kai guda ɗaya a cikin akwatin nan ba, kuma bai hana kowa ganin taurari ba. Kumbon Voyager 1, wanda aka harba a 1977, ya fita daga yankin iskar rana a 2012 ya shiga wannan fili na tsakanin taurari, ya kuma ci gaba da aiko da saƙo ta rediyo daga can.

Sai batun launi, wanda ya fi kowanne ruɗar mutane. Launukan nebula na gaskiya ne ta wata fuska: haidirojin yana ba da ja, oksijin yana ba da kore. Labarin koren nan ya cancanci a tsaya a kansa. Lokacin da Huggins ya gan shi, babu wani sinadari da aka sani a duniya mai ba da irin wannan haske, har aka zaci sabon sinadari ne aka raɗa masa suna nebuliyom. Sai a 1927 Ira Bowen ya gano cewa oksijin ne, amma yana fitar da wannan haske ne kawai a inda gas ya yi siranta matuƙa, ƙwayoyinsa ba sa yawan karo da juna. Ma'ana, koren da ke ƙawata nebula shi kansa shaida ne cewa kusan babu komai a wurin. Da ta yi kaurin Mutara, da wannan launi ya dushe.

Duk da haka idon mutum ba ya ganin launukan yadda suke fitowa a hoto. Hasken yana da rauni, kuma ido ba ya rarrabe launi sosai a cikin duhu, shi ya sa mai leƙa ƙaramin madubin hangen nesa yakan ga toka-toka ne da ɗan kore. Kyamara ce ke tara haske na tsawon mintoci ko sa'o'i. Wani lokaci ma da gangan ake sauya launin don a bambance sinadarai. Shahararren hoton nan na ginshiƙan ƙura da ke cikin nebular Gaggafa, wanda madubin hangen nesa na Hubble ya ɗauka a 1995, an ba wa haidirojin kore a cikinsa, farar wuta ja, oksijin shuɗi. Ba yaudara ba ce, hanya ce ta nuna abin da ke ina, kamar yadda ake shafa wa ƙasashe launi a taswira. Matsawa kusa kuma ba ya ƙara wa nebula ƙyalli, sai dai ta ƙara faɗi a ido, hasken ya bazu. Wanda ke tsakiyarta abin da zai gani bai wuce wani ɗan haske mai dishi-dishi a sama ba.

Tsawa da rugugin da ake ji a fim ma ƙari ne, domin sauti yana bukatar abin da zai bi, kuma gas mai wannan siranta ba zai kawo ƙarar da kunne zai ji ba.

Inda ya kusanci gaskiya

Ba a ce marubutan sun ƙaga komai daga iska ba. Baƙar nebula tana ɓoye abin da ke bayanta da gaske. Akwai wata ƙarama mai suna Barnard 68, faɗinta kusan rabin shekarar haske, wadda a hoto take kamar rami a tsakiyar taurari, saboda ƙurarta ta tare haskensu gaba ɗaya. Sanyin cikin irinta ya kai wajen digiri 260 ƙasa da sifili. Amma rabin shekarar haske na ƙura ne ya yi wannan aiki, ba 'yan kilomitoci ba, kuma na'urar da ke ganin hasken zafi, wanda ido ba ya gani, tana ratsa ta ta hango taurarin. Irin wannan haske ne madubin hangen nesa na James Webb yake amfani da shi, shi ya sa da ya sake ɗaukar ginshiƙan Gaggafa a 2022 aka ga taurarin da ƙura ta rufe a hoton farko.

Haɗari ma akwai shi a wasu wurare. A tsakiyar nebular Ƙaguwa akwai ragowar tauraron da ya fashe, yana juyawa sau 30 a daƙiƙa, yana watsa tururi mai ƙarfi wanda zai cutar da mutum da na'ura. Haka kuma kumbon da ke tsananin gudu, ko ƙwayar ƙura ya ci karo da ita za ta yi masa illa.

Mafi kusa da gaskiya shi ne ƙarshen labarin, inda gajimare ya zama duniya. Tun a 1755 Immanuel Kant ya kawo ra'ayin cewa rana da duniyoyinta daga gajimare suka dunƙule, wani masani mai suna Laplace ya ƙarfafa shi a 1796, kuma binciken zamani ya tafi a kan haka. Masana sun ƙiyasta abin ya faru shekara biliyan huɗu da miliyan ɗari shida da suka wuce. Nauyin gajimare yana jan kansa ciki, tsakiyarsa ta yi zafi har ta kama ci ta zama tauraro, ragowar ƙurar ta kewaye shi kamar faifai, daga cikinta duniyoyi suke haɗuwa. Madubin Hubble ya ɗauki hotunan irin waɗannan faya-fayai kewaye da jariran taurari a cikin nebular Orion. Abin da fim ya yi cikin mintoci da na'urar mutum, a sama miliyoyin shekaru yake ɗauka, kuma babu hannun ɗan Adam a ciki.

Dalilin da marubuta ke son gajimare

Sararin samaniya fili ne fetal, babu dutse, babu kurmi, babu kwazazzabo. Labarin farauta da ɓuya kuwa ba ya yiwuwa sai da maɓoya. Aikin da daji yake yi a tatsuniya, wurin da ake shiga a ɓace, mai wayo ya rinjayi mai ƙarfi, shi nebula take yi a labaran sama. Saboda haka aka yi ta maimaita dabarar Mutara, har a cikin Star Trek ɗin kansa, inda a 1990 wata Enterprise ta sake ɓuya a wani gajimaren ƙage mai suna Paulson.

Wasu marubutan sun bi wata hanya. Isaac Asimov ya ɗauki nebula ta gaskiya, Kan Doki, ya gina masarautun ƙage a kewayenta a wani littafinsa na 1951. Fred Hoyle, wanda shi kansa babban masanin taurari ne a Kambirij, ya rubuta The Black Cloud a 1957, labarin baƙin gajimaren da ya shigo ya tare hasken rana, daga baya aka gane yana da rai da hankali. Da yake Hoyle ya san lissafin abin, mutanen labarinsa suna auna nauyin gajimaren da gudunsa kamar yadda masana za su yi, kuma ƙagen nasa ya fi na fim tsayawa da ƙafafunsa ta fuskar ilimi. Mutara kuwa ƙarfinsa a wajen labari yake, kuma a nan ya yi nasara, tunda bayan shekara arba'in ana ci gaba da ambaton wannan faɗa cikin mafiya kyau da aka yi a finafinan sararin samaniya. Laifi yana shigowa ne kawai idan mai kallo ya tashi da zaton haka sama take.

Ganin ta gaskiya da ido

Nebular Orion tana nesa da duniya da kimanin shekarar haske 1,350, kuma tana cikin 'yan kaɗan da ake gani ba tare da na'ura ba. Tana kusa da tsakiyar sama, don haka ana ganinta daga kusan ko'ina a doron ƙasa. Daga watan Disamba zuwa Maris, bayan sallar isha'i, ana neman taurari uku masu haske da suka jeru a layi ɗaya, tazararsu daidai. Kudu da su akwai wani ɗan gajeren layi na taurari marasa haske sosai, kuma na tsakiyarsu, idan aka lura, ba shi da kaifi irin na sauran, kamar an shafa shi da yatsa. Wannan ita ce nebular. Daren da babu farin wata, hazo ya kwanta, a wurin da ke nesa da fitilun gari, ya fi dacewa, kuma ko tabaran hangen nesa na hannu ya isa ya nuna ta kamar ɗan farin hayaƙi mai fukafukai. Hasken da zai shiga idon mai kallo a wannan dare ya baro can tun wajen ƙarni na bakwai na Miladiyya.